Itacen Gwiwa da Shekarar Laka

Da sunan Wanda ya shimfiɗa ƙasa, ya zuba ruwa a kwaruruwanta, ya sa wa kowannensu iyaka, ya bar wa kansa sanin ranar da ɗaya zai ƙetare iyakar ɗaya. Bayan haka, ni ne Barmo ɗan Jatau, mutumin Taramma ta bakin kogi, wadda yau babu ita. Na tafi nesa, na ga abin da na gani, na kuma dawo da abin da na je nema. Ga yadda aka yi.

Taramma tana gaɓar kogin Balgure. Kogin ba mai haukar ambaliya ba ne, cin gaɓa yake yi a hankali, kamar akuya da gefen zana. Kowace damina sai ya gutsuri taku biyar, wani lokaci shida. Ya cinye maƙera, ya cinye unguwar masunta, ya cinye rabin maƙabarta har muka riƙa tsintar kakanninmu a cikin yashi. A shekarar da nake ba ku labari, taku arba'in suka rage tsakaninsa da katangar gidan ubanmu. Ni na auna da ƙafata.

A gidan nan yayata Tabawa take zaune. Maginiyar tukwane ce, mijinta ya rasu, ita ce kuma ta goya ni bayan mutuwar uwarmu. Ni kuwa sana'ata kwafar littattafai. Wata rana aka kawo mini littafin wani matafiyi wanda gara ta cinye farkonsa da ƙarshensa. A abin da ya rage na karanta labarin wani itace a Ƙasar Ruwan Tsaye, can gabas, wanda ke tsayawa cikin ruwa shekara dubu bai ruɓe ba, saiwoyinsa kuma suna damƙe ƙasa har kogi ya gaji ya canza hanya. Na kai wa Magajin gari, na karanta masa a gaban dattawa. Suka ce in na kawo irin, za su shuka.

Yaya Tabawa na cuɗa yumɓu lokacin da na gaya mata. Ba ta ɗago ba.

"Kai da ko barkono ba ka taɓa shukawa ba, kai za ka ɗauko mana itace daga bayan duniya?"

Na ce ai don haka aka yi rubutu, domin wanda bai shuka ba ya san abin da mai shuka ya sani. Ta ce to, Allah ya sa itacen ma ya iya karatu. Daga nan ta ce in je in dawo, zan same ta a nan, domin ko kogin ya shigo ɗaki ba za ta bar gidan da aka binne cibiyarta ba. Ta ba ni burgamin ubanmu cike da guzuri, na kama hanya.

Bayan wata huɗu na isa Kalmashe, birnin da aka gina da gishiri tun daga ganuwa har kujerun zama. Mutanensa suna tsoron ruwa kamar yadda muke tsoron gobara. Da cokali suke sha, a ɗaki rufe, kuma ambaton ruwan sama a kasuwa laifi ne. Masu tsaron ƙofa suka bincike gafakata, suka sami littafin, suka ga kalmar ruwa sau sittin da uku a shafi huɗu. Alƙalinsu ya yanke mini shekara guda ina yaɓen ganuwa.

Kwana goma sha ɗaya na yi ina lura da su. Na ga ba sa duban sama, hanci suke ɗagawa, domin ƙamshin ƙasa ne ke fara gaya musu hadari na tafe. Sai na riƙa rage rabin ruwan shan da ake ba ni ina tarawa a gora. Ranar da iska ta kaɗo daga arewa, na sami jar ƙasa busasshiya a bayan ganuwar arewa, na juye goran duka a kanta. Kafin in miƙe an buga ganga. Gari ya ruɗe, maza da mata suna hawa rufi da ƙiraga suna lulluɓe gidaje, masu tsaron ƙofa suka watsar da makamansu suka ruga ceton ɗakunan iyayensu. Na ɗauki gafakata na fita ta ƙofar gabas ina tafiya a hankali, rana na tsakiyar sama, babu ko ɗigon gajimare.

Daga nan sai Tafkin Ramaza, wanda ba a hango ɗaya gaɓarsa. Babu jirgi a kansa. Da kififfiya ake haye shi, wato kunkurun ruwa, manya, bayan kowace ya isa mutum goma da kayansu. Sau biyu kawai suke ƙetarewa a shekara, in za su je yin ƙwai, ni kuwa na makara da kwana tara. Na tarar da fatake sun kafa bukkoki, wasu har sun shuka wake, suna jiran wata biyar. Na zauna kwana uku ina kallon dabbobin, na ga duk inda aka zubar da ruɓaɓɓiyar gwanda nan suke taruwa. Na ɗaure gwanda a bakin doguwar sanda, na hau bayan ɗaya, na miƙa sandar gaban hancinta. Wuni guda ta kai ni. Fataken suka tsaya a gaɓa riƙe da fartanyu suna kallona har na ɓace.

Shekara guda na tsere wa a Kalmashe, wata biyar a Ramaza. Na rubuta wannan a littafin da nake rubuta tafiyata, na ja layi a ƙarƙashinsa.

Na shiga Ƙasar Ruwan Tsaye a tsakiyar cikar ruwa. Babu tudu a cikinta ko na shanya tabarma. Ruwan baƙi ne kamar jiƙon saiwa, ba ya gudu, kuma daga cikinsa itatuwan suke fitowa, dubbai, har ba a ganin rana sai a tsinke. Gindin kowanne ya kumbura kamar rumbu, da rassan gindi masu kama da haƙarƙari, sa'an nan ya tsuke ya miƙe sama kamu sittin ko fiye. Ganyensa ba faffaɗa ba ne, siriri ne, jere biyu a kan tsinke kamar gashin tsuntsu, da laushi in an shafa. Kewaye da kowane gindi saiwoyi ne suka turo kai daga ƙarƙashin ruwa, guntaye, masu kan mulmule, kamar taron mutane sun kwanta rigingine sun tada gwiwoyi. Shi ya sa na sa masa suna itacen gwiwa, don sunansa na can harshena bai iya shi ba. Na nutsa na taɓa ƙasan da hannuna. Saiwoyin sun saƙu da juna kamar asabari, ban iya zaro ko dunƙulen laka daga tsakaninsu ba. Na fito ina kuka da dariya.

Mutanen ƙasar a kan dandamali suke zaune, da kwale-kwale suke ziyara. Kwale-kwalen da itacen ake sassaƙa shi, kuma wanda aka ɗauke ni a ciki an ce kakan kakan mai shi ne ya sassaƙa. Mai kula da kurmin wani tsoho ne, Dungurai, mai ido ɗaya da haƙuri mai ban haushi. Ya karɓe ni, ya ciyar da ni kifi, ya saurari labarin Taramma har ƙarshe. Ya ce za a ba ni iri cike da burgami, kyauta, amma al'adarsu ba a ba baƙo iri sai ya ga Shekarar Laka da idonsa.

Na tambayi mece ce Shekarar Laka. Duk wanda ke kan dandamalin ya sunkuyar da kai, wata mata ta tashi ta shige ɗaki. Dungurai ya ce ba a zancenta, gani ake yi. Na tambayi yaushe take zuwa. Ya ce wataƙila bana, wataƙila nan da shekara huɗu, ta taɓa yin bakwai ba ta zo ba.

"Baba, kogin garinmu taku biyar yake ci a shekara."

"Na ji ka, ɗana. Zauna."

Na zauna wata takwas, kuma ban yi zaman banza ba. Na auna zurfin ruwa a gindin itace ɗari, na samu daga gwiwar mutum zuwa ƙirjinsa. Na ga furen namiji yana reto a bakin reshe kamar geza, na macen kuma ƙanana a kan itace guda. Na ga 'ya'yan, dunƙulallu kamar kanya, kore da fari, sa'an nan su yi ruwan ƙasa, in sun nuna su marmashe a hannu su fitar da iri mai kusurwa uku da jan ƙaro mai manne wa yatsa. Na lura da wani abu kuma: itatuwan sa'anni-sa'anni ne. Ga manya kaurinsu ɗaya, ga na tsakiya kaurinsu ɗaya, ga matasa tsawonsu ɗaya, babu kowa a tsakani, kuma a duk faɗin kurmin ban ga tsiro ko ɗaya ba. Na rubuta wannan da kyakkyawan rubutu a shafi na talatin da ɗaya. Ban tambayi kaina dalili ba. Abin da nake tambayar kaina kullum shi ne taku nawa suka rage.

Sau biyu na sake roƙon Dungurai, sau biyu ya ce in zauna. Sai na yanke a raina cewa Shekarar Laka irin yaɓen ganuwar Kalmashe ce, dabarar riƙe baƙo ya yi musu jan komar kamun kifi.

Da sanyi ya shigo, ganyen kurmin duka ya rine ja kamar lalle, sa'an nan ya zube, itatuwan suka tsaya tsirara kamar matattu, ruwan ya lulluɓe da ja. A ranar da ganyen ƙarshe ya faɗi mutanen suna da biki. Kowa yakan aske kansa ƙwal, babba da yaro, su shiga kwale-kwale, su rufe ido daga hantsi zuwa azahar, ba magana, don taya itacen zaman rashi. Na aske kaina tare da su. Da suka rufe ido na zame, na cika burgami da 'ya'yan itacen, na kwance ƙaramin kwale-kwale. Hanya ɗaya ce ke ratsa gwiwoyin, na kuwa haddace ta tun tuni.

Na kusa fita na waiwaya. Dungurai na zaune a nasa jirgin, idonsa ɗaya a buɗe. Ya karya shirun bikinsu, abin da aka ce ba a taɓa yi ba, ya ɗaga murya.

"Baƙo! Uwar ka gani, ba ka ga haihuwar ba. Dawo ka zauna."

Ba wanda ya bi ni. Na ɗauki hakan a matsayin sa'a.

Shekara uku cif na yi kafin in sake ganin Taramma. Kafin in gaida kowa na je na auna: taku ashirin da uku. Yaya Tabawa ta dube ni daga sama har ƙasa, ta ce na rame kuma kaina ya yi kama da ƙoƙo, sa'an nan ta juya baya don kada in ga idonta. Magaji ya sa mini riga, aka yi kiɗa, aka tara gari, na hau turmi na karanta musu daga littafina: itace ne mai son ruwa, daga gwiwa zuwa ƙirji. Aka haƙa dogon kududdufi a bakin gaɓa, aka cika shi, na watsa irin duka a ciki da hannuna.

Wata ya wuce, uku suka wuce, damina ta zo ta tafi da taku shida. Babu abin da ya fito sai kwaɗi. Agwagin gari suka yi ƙiba a kududdufin. Waɗanda suka yi mini kiɗa suka fara tambayata, da fuska a sake, ko itacen nawa a ƙarƙashin ruwa yake girma, kansa ƙasa. Na daina zuwa kasuwa.

Da bazara, wata safiya, Yaya ta kira ni bayan rumfarta, inda take zubar da ruwan cuɗa yumɓu. Wuri ne da kullum yake da danshi amma ruwa bai taɓa kwanciya a kansa ba. A nan ta kakkaɓe burgamin ubanmu ranar da na dawo, marmashin da ya maƙale a ɗinki ya zube. Ga su nan sun tsiro, talatin da huɗu, kowanne tsawon taƙi, da ganyen nan mai kama da gashin tsuntsu. Na durƙusa a cikin lakar.

"Naka ne?" in ji ta.

Na ce nawa ne.

"To, ka bar su. Ba su tambayi littafinka ba suka fito. Ka bar su inda suka zaɓa."

Ban bar su ba. Na ruga gidan Magaji da laka a gwiwa, kafin azahar gari duka ya cika bayan rumfar. Mu mutanen Taramma muna da wata ɗabi'a da muke alfahari da ita: in baƙo ya sauka, mukan binciki abin da ya fi so, mu yi ta ɗura masa har sai ya ce ya isa. An taɓa yin wani bafatake da ya yabi kunun tsamiya, bai bar garin ba sai a kan jaki, kwance. Dattawa suka dubi tsiran suka ce ga baƙi sun zo daga bayan duniya, an bar su a ƙasa da ƙishi, a bayan rumfar tukwane, wannan abin kunya ne. Suka juyo suka tambaye ni me baƙin suka fi so.

Ina da damar in ce ban sani ba. Na dubi fuskokin da suka yi wata shida suna yi mini dariya, na buɗe littafi, na karanta: daga gwiwa zuwa ƙirji.

Yaya ta tsaya a gaban masu haƙa. Ta ce gaɓar nan yumɓu ce a sama, yashi a ƙasa, ta shekara talatin tana haƙarta, in aka tsaga ta aka jawo kogi, ba zai manta hanyar ba. Magaji ya ce Tabawa ta san tukunya, Barmo ya san itace. Ta dube ni tana jiran in yi magana. Na duba littafi.

Kwana biyu aka haƙa magudana daga kogi har bayan rumfar, aka yi wa tsiran ganuwar laka, aka sako ruwa har ya shanye kansu da kamu guda. Ruwan garau yake, ana hango su a ƙasa, kore shar, suna rausaya. Mutane suka riƙa zuwa kallo da 'ya'yansu a kafaɗa. Kwana ashirin suna haka. Daga nan gansakuka ta kama su, suka yi fari, suka yi laushi. Ranar talatin na sa hannu na taɓa ɗaya, ya narke a yatsana.

A tsaye cikin ruwan nan shafi na talatin da ɗaya ya dawo mini. Sa'anni-sa'anni, babu tsiro ko ɗaya. Irin ba ya tsira a cikin ruwa, tsiron kuma ba ya rayuwa in ruwa ya rufe kansa. Sai shekarar da ruwa ya janye duka, laka ta fito fili, sa'an nan kurmin ke haihuwa gaba ɗaya, 'ya'yan su yi tseren tsawo kafin ruwa ya dawo. Shekarar da kifi ke mutuwa ke nan, jirage su kafe a taɓo, yara su kwana da yunwa. Shi ya sa matar nan ta shige ɗaki, shi ya sa ba a zancenta. Tsohon ba riƙe ni yake yi ba. Abu ɗaya ne ya rage in gani, kuma shi ne dukan abin.

Damina ta zo, kogin bai manta hanyar ba. Wata ranar Laraba da hantsi ya biyo magudanar, yashin ƙasa ya zame, gaɓar ta buɗe kamar an yage zane. Taku goma sha bakwai ya ci kafin la'asar. Na ga katangar ubanmu ta durƙusa, na ga rumfar tukwane ta juya sau ɗaya ta tafi. Yaya Tabawa, wadda ta rantse ba za ta fita ba, ta fito ruwa har ƙugu. Ba ta ɗauko akwatin uwarmu ba, ba ta ɗauko ko zane ba. Wata tsagaggiyar tukunya ce a kanta, a cikinta tsiro guda. Ta cire shi tun daren da aka fara haƙa, ta ɓoye a ɗakinta, tsagar tana tsiyayar da ruwa, lakar ba ta bushe ba kuma ba ta nutse ba.

Shekara biyu bayan haka Taramma duka ta tashi zuwa wannan tudun da kuke zaune a kai, inda rijiya sai an haƙa gaba goma sha biyu kafin a ga ruwa. Ba wanda ya doke ni, ba wanda ya kore ni. Magaji ma bai karɓe rigarsa ba. Mutanen kirki ne, sun dai daina tambayata komai.

Yaya ba ta taɓa tayar mini da zancen ba, ko sau ɗaya. Kowace shekara takan gina wa itacen tukunya mafi girma, daga tulu zuwa randa, daga randa zuwa wata da sai da maza huɗu suka ɗaga. A shekara ta huɗu ta sauka kufai da rani, ta auna shatin da ruwa ya bari a guntun katangar da ta rage, ta auna itacen, ta ga kansa ya ɗara shatin da kamu biyu. Ta sa aka kai shi, ta fasa tukunyar, ta dasa shi a lakar da ta kasance tsakar gidanmu. Na riƙe mata shi yayin da take turo ƙasa. Da ta gama ta wanke hannu ta ce, "Sake shi, Barmo, ya iya tsayuwa." Ta rasu da kaka.

Yau shekara arba'in da ɗaya. In kun sauka bakin kogi za ku hango shi a tsakiyar ruwa shi kaɗai, gindinsa ya fara kumbura, gwiwoyinsa sun kewaye shi. Kogin ya ci abin da ke gabansa, ya ci abin da ke bayansa, ya kasa cin abin da ke ƙarƙashinsa. Bara da rani na haye na auna ƙasar da ya riƙe: taku tara a tsawo, bakwai a faɗi. Itace ɗaya ke nan. Talatin da uku na nutsar.

Kowace shekara yana zubar da 'ya'yansa cikin ruwan da ba ya janyewa. Nakan tsinto abin da na iya, in shuka a laka, suna kuwa tsira. Ina da su a tukwane bayan ɗakina, wanda yake so ya zo ya ɗauka. Ba a zuwa, gama mutanen tudu ba su da gaɓar da za su riƙe.

Wannan ita ce hikayata, daga farkonta har inda ta tsaya, wanda ya ji ya ji. Na san gobe za ku dawo, kamar yadda iyayenku suka riƙa dawowa, ku ce in sake ba ku na birnin gishiri, ko na kififfiya da gwanda. Zan ba ku. Su ne masu daɗin ji.